Kwalaben Malam Sadiƙ

Ranar Talata ce, cikin watan Satumba na shekarar 1994. Kwana uku ana ruwa a Suleja babu ƙaƙƙautawa, sai da asubahin ranar ya ɗauke. Amma gari bai washe ba. Can gabas, ta bayan duwatsu, wani hadarin ya sake haɗowa baƙi wuluk, ya tsaya bai matso ba, bai kuma tafi ba.

Ƙarfe takwas da rabi wani manomi ya jingine keke a ƙofar caji ofis, laka har gwiwarsa.

"Ranka ya daɗe, an tsamo gawar Malam Sadiƙ a dam ɗin Rafin Ƙaya."

Sufeto Filibus ya ajiye kofin shayinsa.

"Wane ne Malam Sadiƙ?"

"Mai kula da dam ɗin ne. Shekara goma sha ɗaya yana wurin."

"Faɗawa ya yi?"

"Wasu sun ce mutanen ruwa ne suka ja shi. Wasu sun ce Inyamurin nan ne mai kiwon kifi. Na baro matasa sun zaunar da shi a ƙasa."

Sufeto ya ɗauki hularsa ya ƙwala wa Sajan Bamidele kira, suka shiga Landiroba.

Dam ɗin yana gaba da Chaza, a tsakanin tsaunuka biyu. Ba na siminti ba ne. Jar ƙasa ce aka tara aka daddanne ta yi tsayin bene, ta tare rafin don manoman rani su sami ruwa. A gindinsa, cikin kwari, Unguwar Ƙasa take, gida arba'in da ɗaya.

Da Sufeto ya hau kan bangon ya duba hagu, sai ya ga ruwa ja ya cika fal, saura bai fi kamu biyu ya taɓo inda yake tsaye ba. Ya duba dama, ya hango rufin kwano da mata suna shanya a ƙarƙashin ƙafarsa. Shi mutumin kan dutse ne, bai taɓa koyon iyo ba. Ya matsa zuwa tsakiyar bangon.

An kwantar da gawar a kan tabarma an rufe da zane. Wani dattijo kakkaura mai farar hula ya tako ya miƙa hannu.

"Sannu da zuwa, ranka ya daɗe. Ni ne Malam Mustapha, shugaban ƙungiyar manoman rani. Marigayin abokina ne tun muna yara."

"Allah ya jiƙansa. Yaushe rabonka da shi?"

"Jiya da la'asar, a masallaci."

Sufeto ya durƙusa ya ɗaga zanen. Ƙafafun mamacin babu takalmi, tafinsu ya yi kauri ya tsattsage. Ya juya kan a hankali. A ƙeya akwai sara mai tsawon ɗan yatsa, bakinsa a miƙe.

"Oga," in ji Bamidele ƙasa ƙasa, "aljani ba ya riƙe shebur."

"Rufe bakinka. A ina aka same shi?"

Aka nuna masa wata 'yar gadar ƙarfe da ta miƙe daga bangon zuwa cikin ruwa. Ya taka ta yana riƙe da ƙarfen gefe da hannu biyu. A ƙarshenta wata sandar ƙarfe mai kusurwa huɗu ta leƙo daga ƙasa, kanta na ƙyalli da baƙin mai. Kusa da ita kwalbar lemo ce a tsaye, an toshe bakinta da totuwar masara. Ruwan cikinta ja ne kamar kunu.

Wanda santsi ya kwasa ba ya samun lokacin ajiye kwalba a tsaye. Sufeto ya ɗauke ta.

Gidan mai kula da dam yana kafaɗar tsauni. Matar marigayin, Uwani, tana zaune a ƙofar ɗaki cikin mayafi, idonta ya kumbura. A kan taga kwalabe bakwai ne a jere.

"Baiwar Allah, ki yi haƙuri, dole ce ta sa zan tambaye ki yanzu. Waɗannan na mene ne?"

"Aikin Malam ne, Yallaɓai. Kullum in ya idar da sallar asuba sai ya taka bangon nan ba takalmi, daga wannan kai zuwa wancan. Ya ce takalmi yana ɓoye wa mutum laushin ƙasa. Sannan ya sauka gindi, inda ruwa ke tsattsafowa, ya cika kwalba."

"Don me?"

"Ya ce kowane dam na ƙasa yana gumi. In gumin fari ne, a kwana lafiya. In ya yi ja, to bangon ne ruwa ke ci ta ciki yana fitarwa."

Sufeto ya bi kwalaben da ido. Ta farko garau. Ta huɗu ta fara dishi. Ta bakwai ta yi kalar shayi. Ya ajiye ta hannunsa a ƙarshen layi, ta takwas. Da Uwani ta gan ta sai ta dafe ƙirji.

"Innalillahi! Ta yau ce?"

"A kan gada na same ta."

"Shi ya sa ya dawo da gudu ya ɗauki sitiyarin. Ko koko bai sha ba."

"Wane sitiyari?"

"Ƙarfen da ake ɗorawa a kan sandar nan a murɗa, ƙofar ƙasa ta buɗe, ruwa ya fita ta bututu. Nan ɗaki yake ajiye shi. Ya ce yau zai rage ruwan nan rabi, duk wanda zai yi fushi ya yi."

"Wa zai yi fushi?"

"Duk mai noman rani. Ruwan da aka zubar yanzu ba ya dawowa sai baɗi." Ta share ido. "Mako uku ke nan wani yana toshe mafitar ambaliya da buhuna. Malam ya kwashe, a mayar. Ya kai ƙara wajen shugaba, shugaba ya ce zai bincika."

"In muka kwashe buhunan yanzu fa?"

"Zai ragu kamu ɗaya. Malam ya ce ramin da ruwa ke ci a cikin bangon ya fi nan zurfi. Sai an buɗe ƙofar ƙasa."

Sufeto ya fito ya dubi gabas. Hadarin ya ci rabin sama.

Ya sa Bamidele ya kira injiniya ta rediyon mota. Amsa ta dawo cewa injiniyan yana Minna, sai gobe. Aka gwada sandar da babbar sufana, sufanar ta zame har sau uku, ta kusa kai Bamidele ruwa. Masunta biyu suka nutsa a ƙarƙashin gadar suka lalube laka. Babu sitiyari.

"Sajan, sauka ka ce kowa ya fita daga Unguwar Ƙasa ya hau tudu. Yanzu."

Malam Mustapha ya matso.

"Ranka ya daɗe, kada a tayar wa mutane hankali. Dam ɗin nan ya ga ruwan da ya fi wannan. Marigayin, Allah ya jiƙansa, tsoro ya yi masa yawa a 'yan kwanakin nan. Ga mai laifi can a zaune, ka tafi da shi kawai."

Da mutanen unguwar suka ji shugabansu ya ce babu komai, sai rabinsu suka koma suka zauna.

Mai kifin, Sylvester Onwuka, yana zaune a gindin mangwaro, leɓensa a fashe, matasa shida na tsaye a kansa. Shekara biyu ke nan da ya zo daga Kwamba ya zuba 'ya'yan tarwaɗa a dam ɗin da iznin ƙungiya.

"Kai ka tsamo gawar?"

"Ni ne, Oga. Na zo duba raga, na ga riga a ruwa. Ni na yi ihu. Yanzu su ce ni na kashe!"

"Kana zuwa wajen mafitar ambaliya?"

"Ban taɓa ba. Wallahi."

"Kai da wallahi?" in ji wani matashi. "A wane masallaci?"

Sufeto ya ɗaga hannu, aka yi shiru.

"Tashi mu je mu gani."

Mafitar tana can ƙarshen bangon, bayan wani kurmi, wata hanya ce da aka sare cikin dutse don rarar ruwa ta wuce. An jera buhunan taki cike da ƙasa, hawa huɗu, sun toshe ta. A gabansu wata ragar waya ce an kafe ta da turaku.

"Wannan ragar ta wace ce?"

Sylvester ya sunkuyar da kai.

"Tawa ce, Oga. Abeg. Kifi na bin ruwa suna gudu, shi ya sa. Amma raga ba ta tare ruwa. Buhu ba nawa ba."

"Ka yi mini ƙarya sau ɗaya. Me zai sa in yarda da ta biyu?"

"Oga, ni ɗaki ɗaya nake haya. Ina zan samu ƙasa buhu sittin? Duba nan, duk dutse ne."

Sufeto ya duba. Gaskiya ne, ko'ina marmara ce da fartanya ba ta kamawa. Ya tsuguna ya caka ɗan yatsa a wani buhu da ya yage. Ƙasar ciki baƙa ce, mai laushi, an tankaɗe ta an gauraya da kashin shanu. Daga ramukan buhunan sama wasu 'yan tsirrai sun leƙo, ɗaruruwa, kowanne da ganye biyu masu faɗi da na uku mai ɗan toka-toka.

Ya tsinko guda ya ɗaga.

"Ku manoma ne. Wannan wace ciyawa ce?"

Wani ya dubi wani. Matashin da ya yi wa Sylvester ba'a ya mai da idonsa ƙasa. Malam Mustapha ya gyara hula.

"Ciyawa ce kawai, ranka ya daɗe. Damina ce."

Aka yi tsawa can nesa, dogon ruri da ya bi ta cikin duwatsu.

"Ku kwashe buhunan nan, hawa ɗaya bayan ɗaya," in ji Sufeto. "Sajan, tsaya a kansu. Kada kowa ya taɓa mutumin nan."

Ya koma gidan kan tsauni da sauri, tsiron a tafin hannunsa. Uwani ta karɓa ta murza ganyen ta shinshina.

"Kabeji ne."

"Kin tabbata?"

"Yallaɓai, 'yar manomi ce ni. Tsiron kabeji ne, bai fi kwana goma sha biyu ba."

"Su wa ke noman kabeji a nan?"

Ta mayar masa da tsiron.

"Mu nan tumatir ne da albasa da attarugu. Mutum ɗaya ne ke sayo irin kabeji a gwangwani, yana kai wa masu otal a Abuja. Gonarsa tana sama da ta kowa. Bara ruwa ya sauka ƙasa da bakin lambatunsa tun watan biyu, komai ya ƙone." Ta rufe fuska. "Shi ya yanka ragon sunan ɗanmu na fari."

Sufeto ya tsaya a ƙofa yana tunani. Da ɓarawo ne ya ɗauki sitiyarin, da yanzu yana wajen maƙera. Da mai kifi ne, da ya wurga shi tsakiyar dam, don shi bai ƙi a daɗe ba a buɗe ba. Amma manomin rani ba zai jefar da shi ba. In Disamba ta zo, da shi za a sakar wa gonaki ruwa, mai kabejin kuma, Malam Mustapha, shugaba ne, shi za a tambaya. To ƙarfen yana nan kusa, a ɓoye. Sai dai tsaunin nan faɗi gare shi, iska kuma ta fara kaɗa ganyen mangwaro.

Ya sami Malam Mustapha a kan bango.

"Malam, zo ka raka ni gindi. Ina so in ga inda abokinka ke cika kwalba."

Suka sauka, mutane na biye da su daga nesa. A gindin bangon ciyawa ta yi kore shar. Daga wani rami da bai fi bakin tulu ba ruwa ja yana ɓulɓulowa, yana tara yashi a gefensa. Taku hamsin daga nan gidan farko yake, mai jar ƙofa.

"Gidan wa ke nan?"

"Na mahaifiyata ne."

"Ta hau tudu?"

"Ba ta iya tafiya, ranka ya daɗe. Kuma na ce babu komai."

"Haka ka ce. Cire takalminka."

"Na'am?"

"Cire. Ni ma zan cire."

Sufeto ya kwance but ɗinsa ya tuɓe safa. Malam Mustapha ya zare takalmin roba a hankali. Suka hau taku goma a jikin bangon, sama da ramin.

Ƙasar ta lotsa. Ba santsin laka ba ne. Ta lotsa ne ta dawo, kamar an taka cikin saniya. Ta tafin ƙafarsa Sufeto ya ji wani ɗan motsi a can ciki, siriri, ba ya tsayawa. Duk jikinsa yana ce masa ya gudu, amma ya kafe ƙafafunsa ya dubi dattijon.

"Ka taɓa taka nan ba takalmi?"

Malam Mustapha ya sunkuyar da kai. Idonsa na kan ƙafafunsa.

"Shi kullum yana takawa. Ya gaya maka, ka ce tsoro ne. Buhunan nan da ƙasar fangalin da kake rainon iri aka cika su, kabejinka ya tsiro a kai, kowa ya gani, kunyarka ce ta hana su faɗa. Wannan zancen kotu ne, zai jira. Abin da ba zai jira ba ga shi can." Ya nuna sama. "Ni ba zan sauka daga nan ba, kai ma ba za ka sauka ba, sai ka gaya mini inda sitiyarin yake."

Ɗigon farko ya faɗo a kan hular Sufeto. Daga ƙasa wani gutsuren bango kamar girman tabarma ya zame ya faɗa a kan ramin, ruwan ya ƙara kauri. Wata mata ta kurma ihu.

Malam Mustapha ya durƙushe.

"Yana cikin fangalin rainon iri, gindin gwanda. Na naɗe shi a buhu. Don Allah a fito da Inna!"

"Sajan! Gonar kabeji, gindin gwanda, da gudu! Ku kuma ku ɗauko tsohuwa a kan ƙyaure. Kowa tudu!"

Wannan karon babu wanda ya koma ya zauna. Unguwa ta ruɗe da kukan yara da na awaki, mata da tukwane a ka, maza na jan shanu.

Kafin Bamidele ya dawo ruwa ya kece. Ya iso yana haki, ƙarfen a kafaɗa. An shafe shi da mai tsaf kafin a binne shi. Babu wanda ya yarda ya hau gadar, don bangon da ke riƙe da ita yana iya tafiya kowane lokaci. Sylvester ya tofar da jini ya miƙe.

"Oga, mu je. Ni na iya ruwa. In ka faɗa zan kamo ka."

"Kifinka za su tafi."

"Na sani."

Su uku, Sylvester da Sufeto da Bamidele, suka kama sitiyarin. Ya ƙi motsi. Suka sake, ruwan sama na dukan idonsu, gadar na rawa. A karo na uku ya yi ƙara ya juya. Can ƙarƙashinsu wani gurnani ya taso, ruwa ya fashe daga bututu ya nufi rafi.

Awa biyu ana ruwa. Sufeto yana tsaye a kan tudu cikin mutane, ƙafa ba takalmi, yana kallon wani turke da ya kafa a bakin dam don auna ruwa. Ruwan ya hau, ya tsaya, sannan ya fara sauka kaɗan kaɗan. Dab da la'asar kafaɗar bangon ta hagu ta rufta da wata irin ƙara. Ruwa ya keta ta wurin ya shiga kwari, ya kwashi gidan mai jar ƙofa da na kusa da shi. Amma a lokacin dam ɗin ya riga ya ragu sosai. Sauran bangon ya tsaya.

A cikin Landiroba, ankwa a hannunsa, Malam Mustapha ya ba da bayani, Bamidele na rubutawa.

"Kamu ɗaya kawai nake so ruwan ya ƙaru, ya kai ni watan uku. Ƙasar da na samu mai laushi ita ce ta fangalin da ruwa ya wanke mini. Na ɗauka irin ya tafi."

"Yau da safe fa?"

"Na je mayar da buhuna, shebur a hannuna, na hango shi a kan gada yana ɗora sitiyari. Na ce, Sadiƙ, bari sai Juma'a mu yi taro. Ya nuna mini kwalba. Na ce laka ce ta ruwan sama. Ya ce, Mustapha, uwarka ce a ƙasa. Ya juya mini baya ya kama murɗawa." Ya dubi ankwar da ke hannunsa. "Hannunsa na so in buge."

"Ƙeya ka samu."

"Ƙeya na samu."

Aka fito da gawar don kai ta asibiti. Uwani ta tako cikin laka har bakin motar. Ba ta dubi na ciki ba. Ta miƙa wa Sufeto but ɗinsa da wani ya tsinto, ta koma.

Motar ta tashi, mutanen da ke kan tudu suka buɗa mata hanya. Tsohuwar tana kwance a kan ƙyaure a gindin mangwaro, tana tambayar jikokinta ina za a kai Mustapha.

Washegari Sufeto Filibus ya rubuta rahotonsa. Gida biyu sun rushe. Rumbu huɗu na masara sun tafi. Awaki tara, jaki ɗaya. Gonakin shinkafa goma sha uku na bakin rafi yashi ya binne su. Kifin Sylvester Onwuka duka. Noman rani na bana babu, ga manoma saba'in da shida. Rai ɗaya, Malam Sadiƙ, mai kula da dam, ɗan shekara hamsin da huɗu. Ya bar mata ɗaya da 'ya'ya biyar.